Rabilu Musa Ibro: Gandiroban da ya shigar da Hausar titi cikin fim

An haifi Rabilu Musa ranar 12 ga Disamba, 1971, a Ɗanlasan, garin da yanzu ke cikin Ƙaramar Hukumar Warawa ta Jihar Kano. Sunan yanka ke nan, amma kaɗan ne suka riƙe shi. Sunan da ya fito da shi a wasan kwaikwayo, wato Ibro, shi ya danne na yankan, har ta kai idan aka ce wane Ibro ne a kowace majalisa ta ƙasar Hausa, an san ana nufin mutum mai ban dariya. Ya rasu bai cika shekara 43 ba, amma a ɗan wannan zama ya yi wa fim ɗin Hausa wani aiki da ba kasafai ake lissafa masa ba. Yana kan gaba cikin waɗanda suka sa aka ji Hausar tasha da ta kasuwa da ta bakin titi a cikin fim, yadda masu ita suke yin ta.

Ya yi firamare a Ɗanlasan, daga nan ya wuce Kwalejin Horon Malamai ta Gwamnati da ke Wudil. Wanda ya fito daga irin wannan makaranta, alli da allo ake sa ran ya riƙe. Shi kuwa a 1991 sai ya shiga aikin gidan yari, ya yi kimanin shekara takwas sanye da kakin gandiroba. Masu ba da tarihinsa sukan ambaci wannan a gurguje su wuce, alhali a ganina nan ce babbar makarantarsa. Gidan yari matattara ce. Ga ɗan sane, ga ɗan daba, ga direban da ya yi haɗari, ga ɗan kasuwar da bashi ya karya, ga baƙauyen da rikicin gona ya kawo birni a ɗaure, ga wanda ya shekara yana jiran shari'a. Kowanne da irin bakinsa, kowanne da labarin da ya tsara don ya wanke kansa. Wanda ya yi shekaru yana sauraron irin wannan, in Allah ya ba shi kunne, zai san yadda maƙaryaci yake jan numfashi kafin ya rantse, da yadda matsoraci yake cika baki idan ya ga babu mai taɓa shi. Irin waɗannan mutane Ibro ya riƙa fitowa a matsayinsu daga baya.

Ba shi kaɗai ba ne ya biyo ta irin wannan hanya. A Indiya, ƙasar da finafinanta suka raini masu kallo a Arewa, manyan 'yan barkwanci daga titi suka fito. Badruddin Kazi, wanda aka fi sani da Johnny Walker, kwandastan bas ne a birnin Bambai, yana ba fasinjoji dariya, har jarumi Balraj Sahni ya lura da shi ya haɗa shi da darakta Guru Dutt. Mehmood, wanda ya rasu a 2004, ya yi tuƙin mota da ƙananan sana'o'i kafin ya yi suna. Johnny Lever kuwa alƙaluma yake sayarwa a titi yana kwaikwayon muryoyin taurari don ya ja masu saye. Dukkansu sun saurari talaka kafin su tsaya gaban kyamara.

Ba za a fahimci Ibro ba sai an san abin da fim ɗin Indiya ya zama a Kano. An buɗe silimar Rex a 1937, aka buɗe Palace a cikin birni a farkon shekarun 1950, sannan wasu suka biyo baya irin su El Dorado da Plaza da Orion da Marhaba. Daga shekarun 1950 'yan kasuwa Kwarori suka fara shigo da finafinan Indiya, kuma nan da nan suka fi na Amurka karɓuwa, domin Bahaushe ya ga abubuwan da ya sani a cikinsu: kunya, biyayya ga iyaye, auren dole, rawani da mayafi. Mother India na 1957 ya daɗe ana maimaita shi. Matasa suka raɗa wa jarumai sunayen Hausa, Dharmendra ya zama Sarkin Ƙarfi, Sanjay Dutt ya zama Ɗan Daba Mai Lasin. Har masu bege suka ɗauki karin waƙoƙin Indiya suka ɗora yabon Annabi a kai. Brian Larkin da Farfesa Abdalla Uba Adamu sun yi rubuce-rubuce masu yawa a kan wannan alaƙa.

Amma akwai abu guda da bai ƙetaro teku ba. A tsohon fim ɗin Indiya, jarumi da jaruma suna magana ne da gogaggiyar Hindi mai gauraye da Urdu, harshen marubuta waƙa. Harshen titi an bar wa ɗan barkwanci. Mehmood ya yi suna a Gumnaam na 1965 da bakin mutanen Haidarabad, a Kunwara Baap na 1974 kuma ya fito a direban keken haya mai renon yaron da cutar shan-inna ta kama. Hindin da ake yi a Bambai gauraye take da Marathi da Gujarati da Ingilishi, kamar dai yadda Hausar kasuwar Mubi take ɗauke da ɗanɗanon Fulatanci da na sauran harsunan yankin. Sai da aka daɗe kafin wannan harshe ya hau bakin babban jarumi a fim ɗin barkwanci, kamar yadda aka gani a Munna Bhai M.B.B.S. na 2003, inda Sanjay Dutt ya fito a ɗan daba mai neman zama likita. To, mai kallo a Plaza ba ya jin Hindi. Yana gane soyayya daga ido, yana gane faɗa, yana haddace waƙa ko bai san ma'anarta ba, amma dariyar da ke cikin karin harshe tana wuce shi. Saboda haka da Hausawa suka fara nasu fim, sun iya aro soyayyar mutum uku da rawa da waƙa daga Indiya, amma ɗan barkwanci bai aru ba. Dole a nemo shi a gida.

A gida kuwa akwai shi tun tuni. Akwai wawan sarki, wanda yake faɗa wa sarki abin da waziri ba zai iya ba. Akwai 'yan gambara da baƙar maganarsu a kasuwa. Akwai tashe a watan azumi, inda yara suke kwaikwayon malami da mai kuɗi da tsoho. Akwai kuma 'yan kama, waɗanda gwanintarsu ita ce su ɗauki karatun malamai ko waƙar wani makaɗi su juya kalmomin su koma zancen tuwo da miya. Talabijin ya ɗauki wannan gado a shekarun 1970 da 1980: Usman Baba Pategi a Samanja Mazan Fama da Hausarsa ta bariki mai cakuɗe da Turanci, Ƙasimu Yero a Karambana, da Karkuzu a Jos. Ibro ɗan wannan gida ne. Bambancinsa da su shi ne zamani ya ba shi kaset ɗin bidiyo, wanda ba ya jiran izinin gidan talabijin na gwamnati, kuma ana kallonsa a ɗaki da shago da gidan kallo a duk lokacin da aka so.

Ana lissafa Turmin Danya, wanda ƙungiyar Tumbin Giwa ta fitar a Kano a 1990, a matsayin fim ɗin bidiyo na Hausa na farko da ya shiga kasuwa. Kafin ƙarshen shekarun 1990 harkar ta zama sana'a, da 'yan kasuwarta a Bata da Ƙofar Wambai, da mujallunta irin su Tauraruwa da Fim, har da sunan da aka raɗa mata, Kannywood. A cikin wannan tashe Rabilu ya shigo. 'Yar Mai Ganye shi ne fim ɗin da ya fito da shi, kuma da abin ya kankama sai ya ajiye kaki ya rungumi fim gaba ɗaya. Wanda ya san darajar albashin gwamnati da fansho a wurin ɗan ƙauye zai gane cewa ba ƙaramar kasada ya yi ba.

Masana'antar ta rabu gida biyu. Akwai finafinan da 'yan fim suke kira santimental, na soyayya da kishi da gado, waɗanda Sangaya na 1999 ya zama abin misalinsu. Akwai kuma camama, wato finafinan barkwanci masu ƙaramin jari, da ake ɗauka cikin 'yan kwanaki a ƙauye ko a lungu. 'Yan santimental sun daɗe suna yi wa 'yan camama kallon raini. Sai dai kasuwa ba ta san raini ba, kuma shekaru da yawa sunan Ibro a jikin kwalin kaset ya ishi ɗan kasuwa hujjar zuba kuɗinsa. Shi ya sa sunayen finafinan suka riƙa zuwa a jere: Ibro Awilo, Ibro Usama, Ibro Saddam, Ibro Aloko, Ibro Angon Hajiya, ban da Andamali da Bita Zaizai. Tare da shi akwai rukunin abokan wasa da mai kallo ya saba da su kamar 'yan unguwarsu, irin su Kulu da Yautai da Katakore da Gatari da Tsigai da Dumbadus da Ciroki da Bosho.

A fim ɗin santimental na wancan lokaci, saurayi yakan tsaya cikin lambu ya yi wa budurwa magana da jimloli dogaye masu ado, irin na littattafan soyayya, waɗanda babu saurayin da ya taɓa furta su a zaure. Ibro kuwa yana magana ne kamar yadda ake ciniki a 'Yankura. Yana katse mutum, yana maimaita kalma don ya sami lokacin ƙirƙiro ƙarya, yana fara jimla ya bar ta a hanya idan ya ga ba za ta fisshe shi ba. Rantsuwa da habaici da zambo da kirarin kai duk suna nan, haka kuma Turancin wanda bai yi boko ba amma ba ya so a gane. Yawancin maganar ba a rubuce take ba. Akan tsara yadda fitowa za ta fara da inda za ta ƙare, sauran kuma a bar wa bakin 'yan wasa. Wannan ne ya sa finafinan suke da rauni wajen tsari, labari yakan yi ta yawo, wani lokaci ya ƙare ba a warware komai ba. Amma shi ne kuma ya sa maganar take da rai. Mu da fassara ce sana'armu mun san wahalar abin. Duk wanda ya taɓa karanta Turancin da ake rubutawa a ƙasan allon irin waɗannan finafinai ya ga yadda ma'ana takan tsira amma dariyar ta mutu, domin tana cikin karin murya ne da ɗan jinkirin da ke gaban amsa.

Labarin da yake bayarwa kusan guda ne, ana sauya masa riga. Talaka ne mai doguwar hula da dogon buri, ba shi da jari sai wayo, wayon ma bai kai yadda yake zato ba. Yau boka ne, gobe direba, jibi ɗan siyasa ko malamin tsibbu ko angon mai kuɗi. Yakan shirya dabara, dabarar ta yi kamar za ta ci, sannan ta rufta da shi. Duk wanda ya taso da tatsuniya ya san wannan mutum, Gizo ne ya shigo birni. Abin da Ibro ya ƙara shi ne duniyar da Gizon yake yawo a cikinta: kuɗin haya, bashin mai shayi, ɗan sandan da ke kan hanya, layin mai, rashin wuta, alkawarin 'yan takara. Wanda yake so ya san abin da ke damun mai ƙaramin ƙarfi a Kano tsakanin 1999 da 2014 zai sami abin da yake nema a camama fiye da a finafinan manyan gidaje da motoci.

A Ibro Ɗan Indiya ne igiyoyin biyu suka haɗu. Ya ɗauki shiga da rawa da karin waƙoƙin Indiya, ya ɗora musu kalmomin Hausa masu kama da sautin na asali, amma ma'anarsu ta koma zancen yau da kullum. Dabarar 'yan kama ce tsantsa, sai dai maimakon karatun malam, waƙar Bambai aka juya. Dariyar tana da baki biyu. Ana yi wa Indiyawa, ana kuma yi wa Bahaushen da ya shekara arba'in yana rera abin da bai san ma'anarsa ba, har da 'yan fim ɗin da suke kwaikwayon Indiya da gaske ba da wasa ba. Haka ya yi wa mawaƙin Kwango, Awilo Longomba, lokacin da kiɗansa ya cika gari. Ya kuma yi waƙoƙin barkwanci nasa, irin su Bayanin Naira da Direba Makaho.

Ibro Usama na 2002 ya fi waɗannan haɗari. An yi shi ne bayan harin 11 ga Satumba, 2001, lokacin da hoton Usama bin Ladan yake manne a jikin motocin haya da shaguna a Kano, kuma ba a daɗe da ƙaddamar da shari'ar Musulunci a jihar ba. A irin wannan yanayi Ibro ya sa gemu da rawani ya mai da mutumin abin dariya, tare da shugabannin Amurka da ke farautarsa. Wasu malamai da 'yan Hisba sun yi tir da fim ɗin. Jama'a kuwa suka saya.

Ba duk sukar da aka yi masa ce ta rasa tushe ba. Camama ta dogara ƙwarai da kwaikwayon bakin wasu ƙabilu, Bafulatani da Bagwari da Inyamuri da Bayarabe, kuma sau da yawa an nuna su a matsayin marasa wayo. Masu kare shi sukan kawo hujjar wasan barkwanci da ke tsakanin al'ummu, irin na Fulani da Barebari, ko Kanawa da Zagezagi, ko Gobirawa da Yarbawa. Hujjar tana da ƙarfi, amma ba ta rufe komai ba. Wasan taubasai ana yin sa ne ido da ido, kowa yana da damar ramawa. Kaset kuwa hanya ɗaya yake bi, daga Kano zuwa ko'ina. A garuruwa irin su Mubi da Belel da ke kan iyakar Kamaru, inda Hausa harshe na biyu ne ko na uku ga mutane da yawa, mai kallo yakan yi dariya, amma wani lokaci bakinsa ne ake kwaikwaya. Mehmood ma ya sha irin wannan suka a kan malamin kiɗa Batamile da ya fito a matsayinsa a Padosan na 1968. Haka nan matan da ke cikin camama ba su cika wuce mafaɗaciya da makwaɗaiciya ba.

Jarrabawa mafi girma ta same shi a 2008. Tun 2001 Gwamnatin Kano ta kafa Hukumar Tace Finafinai da Ɗab'i. A 2007, bayan wani abin kunya da ya girgiza masana'antar, gwamnatin Malam Ibrahim Shekarau ta naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim ya shugabanci hukumar. Aka dakatar da ɗaukar fim na tsawon watanni, aka gindaya sababbin sharuɗɗa, kotun tafi-da-gidanka ta shiga aiki. An ɗaure Adam A. Zango a 2007, an ɗaure Hamisu Lamiɗo Iyantama a ƙarshen 2008, 'yan fim da yawa suka kwashe kayan aikinsu suka koma Kaduna da Jos. A watan Oktoban 2008 aka gurfanar da Ibro tare da Lawal Ƙaura, bisa tuhumar rawar da ba ta dace ba a Ibro Aloko da kuma gudanar da harkar fim ba tare da rajista ba. Aka yanke musu ɗaurin wata biyu.

Mutumin da ya yi shekara takwas yana riƙe da mabuɗi sai ga shi an kulle shi. Da a fim ne, da an ce marubucin ya cika ƙari. Amma batun ya wuce na mutum ɗaya. Tambayar da ke ƙasa ita ce wa ke da ikon cewa ga irin Hausar da ta dace a ji, ga irin talakan da ya dace a nuna. Hukumar tana ganin tana kare tarbiyya, kuma iyaye da yawa sun goyi bayanta da zuciya ɗaya. 'Yan fim kuma suna ganin an mai da su saniyar ware, ana hukunta su a kan nuna abin da kowa yake gani a titi. A nawa ganin, ɗaure ɗan barkwanci bai taɓa gyara tarbiyyar kowa ba, kuma hukuncin bai rage masa farin jini ba. Ya fito ya koma bakin aikinsa, ya ci gaba da fitowa a finafinai har ƙarshen rayuwarsa, har da na manyan daraktocin da a da ba sa haɗa hanya da 'yan camama.

A shekarunsa na ƙarshe kasuwar ta fara sauyawa. Satar fasaha ta karya cinikin faifai, sannan ga wani sabon abu da ake kira Indiya-Hausa, inda kamfanoni irin su Algaita suke ɗora muryoyin Hausa a kan finafinan Indiya. Abin lura shi ne irin Hausar da masu wannan fassara suka zaɓa. Ba su ɗauki ta littafi ba, sun ɗauki ta majalisa da ta 'yan tasha, da habaicinta da sababbin kalmominta, suka sa a bakin jaruman Mumbai da Haidarabad. Sai ga shi bayan shekara sittin, mai kallo a Kano yana dariyar ɗan barkwancin Indiya saboda abin da ya faɗa, ba saboda faɗuwar da ya yi kaɗai ba. 'Yan fim sun koka cewa wannan sana'a tana kashe musu kasuwa, kuma suna da gaskiya. Amma kunnen da ya karɓi wannan Hausa a fim, camama ce ta fara horar da shi.

Ciwon ƙoda ne ya kwantar da shi. Ya rasu ranar Laraba, 10 ga Disamba, 2014, a Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano, saura kwana biyu ya cika shekara 43. Lokacin Arewa tana cikin baƙin ciki iri-iri. Ba a yi mako biyu da harin Babban Masallacin Juma'a na Kano ba, wanda aka kai ranar 28 ga Nuwamba. Mutanen Mubi, waɗanda Boko Haram ta kora daga garinsu a ƙarshen Oktoba, da yawansu suna gudun hijira a Yola da cikin Kamaru. A ranar da ya rasu ma bam ya tashi a kasuwar Kantin Kwari. Duk da haka labarin rasuwarsa ya ratsa ko'ina, gidajen rediyo na gida da na waje suka ba da shi, jama'a suka yi ta kwarara zuwa Ɗanlasan, inda aka yi masa sutura aka binne shi a garin da aka haife shi. Allah ya jiƙansa da rahama.